Matsayin Rawa a Rubutaccen Adabin Hausa: Ina Aka Baro Dandali?

1.0 Gabatarwa

Tun daga lokacin da finafinan Hausa na bidiyo suka fara cika kasuwa a shekarun 1990, da wuya a sami abin da ya jawo musu tsakanin malamai da iyaye da manazarta kamar rawa da waƙar da ke cikinsu. Masu suka suna cewa rawa baƙuwa ce, daga Indiya da Amurka aka kwaso ta aka ɗora wa 'ya'yan Hausawa. Masu karewa kuwa suna cewa ai Bahaushe ya gaji rawa tun kaka da kakanni. Kowane ɓangare yana da tasa gaskiyar, amma da zarar an nemi a kawo shaida a rubuce game da yadda rawar jiya take, wa ke yin ta, a ina, kuma a gaban wa, sai bakin kowa ya mutu. Dalili kuwa shi ne, rubutaccen adabinmu, wanda ya kamata ya zama rumbun ajiyar rayuwar jama'a, bai ajiye mana rawa ba.

Wannan maƙala tarke ce a kan wannan giɓi. Abin da muke son nunawa shi ne, marubutan Hausa sun ɗauki rawa ko dai a matsayin alamar lalacewar tauraro, ko kuma abin cike gurbi idan labari ya kai ga biki, kuma wannan sakaci ya jawo mana hasarar kalmomi da muryoyi da tarihi. Za mu jingina bayaninmu da Maiduguri, domin a nan ne hasarar ta fi fitowa fili, kamar yadda za a gani.

2.0 Dandal da Dandali

Ya dace mu fara da kalmar kanta. Dandali, wato filin da samari da 'yan mata kan taru su yi wasa da dare, kalma ce da Hausa ta aro daga Barebari, kamar yadda ta aro kasuwa da karatu da rubutu, da sunayen sarautu irin su galadima da yarima da ciroma. A Borno, dandal shi ne faffaɗan titin da ya miƙe har ƙofar fada. Matafiyan Turawa irin su Barth a 1851 da Nachtigal a 1870 sun tarar da shi a Kukawa, sun kuma bayyana shi a matsayin cibiyar hada-hadar garin. Bayan da Rabeh ya rusa Kukawa a 1893, Shehu Garbai ya kafa Yerwa a 1907 kusa da wani tsohon gari mai kasuwa, wanda yau muke kira Tsohuwar Maiduguri, kuma sabon garin ma an shata shi da nasa dandal, wanda har yanzu da wannan suna aka san shi. Da kalmar ta shiga bakin Hausawa sai ta sauko daga ƙofar fada ta koma unguwa, ta zama filin gaɗa da kalangu. Ke nan ko filin da muke kukan ya ɓace, sunansa na aro ne, haka ma algaita da muke alfahari da ita daga Larabawan Magrib ta zo. Wannan kaɗai ya isa ya nuna cewa ma'aunin "namu ne ko na baƙi" ba zai kai mu ko'ina ba.

Maiduguri kuwa gari ne da kiɗe-kiɗe suka daɗe suna cuɗanya a cikinsa. Ga Barebari da Shuwa, ga Babur da Margi, ga Fulani, ga Hausawan da suka zauna a Hausari da Gwange, sannan isowar jirgin ƙasa a 1964 ta ƙara kwararo baƙi daga kudu da yamma. Yaron da ya tashi a Tsohuwar Maiduguri a shekarun 1970 yana iya jin ganga kura da algaita a daren wushe-wushe na auren Barebari, a cikin makon kuma ya ji kalangu a bikin maƙwabtansa Hausawa, kuma da Hausa zai ba abokansa labarin duka biyun.

Shi dandalin Bahaushe, ba taron kara-zube ba ne. Yana da lokaci, wato farin wata da kuma bayan kaka, sa'ad da aka huta da aikin gona. Yana da shugabanni, sarkin samari da takwararsa ta 'yan mata, waɗanda ke raba rigima su kuma sallami taro. Yana da rabe-rabe. Gaɗa ta 'yan mata ce zalla, ba ta bukatar ganga, tafi ne kiɗanta; zabiya tana bayarwa, saura suna amsawa, ɗaya ta fito tsakiya ta taka, ta faɗo da baya ƙawayenta su cafe ta su cilla. Idan mai kalangu ya zo, yakan kaɗa wa budurwa takenta, ta fito ta rausaya, saurayinta ya yi kari don a san da zamansa. A irin wannan fage na asauwara ne Mamman Shata ya fara buɗe murya a Musawa kafin duniya ta san shi. Matan aure kuwa nasu fagen yana cikin gida, inda ake kifa ƙwarya a ruwa a yi amada, fagen da ya fitar da irin su Uwaliya Mai Amada da Barmani Coge. Ba muna cewa dandali ba shi da aibu ba ne. Tsarance a gefensa yake, kuma malamai sun daɗe suna sukarsa. Abin lura dai shi ne, a can ne yarinyar da ba a shawara da ita a gida take samun bakin faɗin ra'ayinta game da auren dole da kishiya da tsoho mai neman budurwa, a bainar jama'a, ba tare da an ce ta yi rashin kunya ba.

Abin mamaki, mafi cikar bayanin wannan rayuwa da muke da shi bai fito daga alƙalamin wani marubucinmu ba. Ya fito ne daga bakin wata tsohuwa da ba ta yi boko ba, wato Baba mutuniyar Karo, wadda ta ba Mary Smith labarin rayuwarta a Giwa ta ƙasar Zazzau tsakanin 1949 da 1950. A cikinsa ne muke ganin 'yan mata sun ci ado sun tafi kasuwa rawa, da makaɗa, da kyautar samari, da ƙawance. An buga littafin da Ingilishi a 1954, kuma sai da aka yi kusan shekara arba'in kafin asalin Hausarsa ya fito.

3.0 Rawa a Hannun Marubuta

Idan muka waiwayi littattafai biyar da suka fito daga gasar 1933, wato Ruwan Bagaja da Ganɗoki da Shaihu Umar da Idon Matambayi da Jiki Magayi, za mu tarar da yawon duniya da yaƙi da bauta da sata da ramuwar gayya, amma da wuya mai karatu ya tuna wani shafi guda da aka tsaya aka siffanta masa rawa. Da aka zo ga ayyukan da suka fuskanci rayuwar birni, irin su Zamanin Nan Namu na Shu'aibu Maƙarfi a 1959, da Kitsen Rogo na Abdulƙadir Ɗangambo a 1978, da Kulɓa na Ɓarna na Umaru Ɗanjuma Katsina a 1979, sai jigon gyaran hali ya mamaye komai. A irin wannan tsari, wuraren shaƙatawa zango-zango ne a kan hanyar halaka: da tauraro ya taka ƙafarsa can, mai karatu ya san ƙarshensa nadama ce. A rubutacciyar waƙa ma haka abin yake, domin idan Mu'azu Haɗeja ya waiwayi rayuwar dare, giya da karuwanci yake gani, kuma gargaɗi ya zo yi.

Muna ganin dalilai uku ne suka haifar da wannan. Na farko, rubutun Hausa a hannun malamai ya girma, kuma tun zamanin masu jihadi babban aikinsa wa'azi ne da ilmantarwa, saboda haka abin da malami ba zai halarta ba, alƙalami ma ya ƙaurace masa. Na biyu, Hukumar Talifi ta Zariya a ƙarƙashin Rupert East littattafan karatun 'yan makaranta take nema, kuma kamfanonin da suka gaje ta sun ci gaba da dogara da kasuwar makarantu. Na uku, a tsarin zaman Hausawa makaɗa da maroƙa a ƙasan tsani suke, alhali marubucin farko malamin makaranta ne ko ma'aikacin En'e, mai tsare girmansa. Daɗin daɗawa, marubutan nan maza ne, gaɗa da amada kuwa fagen mata ne.

Ana iya zaton littattafan soyayya da suka ɓarke daga tsakiyar shekarun 1980, waɗanda aka laƙaba wa suna Adabin Kasuwar Kano, za su cike wannan giɓi, tun da matasa ne ke rubuta su kuma mata suna da yawa a cikinsu. Haƙiƙa sun buɗe ƙofofi da dama, kuma marubuta irin su Balaraba Ramat Yakubu sun shigar da mu tsakar gida yadda ba a taɓa yi ba. Amma idan aka zo wurin biki, abin da galibinsu suka saba yi shi ne su ɓata shafi biyu wajen lissafa leshi da gwala-gwalai da motoci, sannan su sallami rawar da jimla guda, a ce an cashe an raƙashe sai asuba. Wane kiɗa aka yi, wa ya fara fita, yaya uwar ango ta taka, wa ya ƙi tashi kuma don me, duk babu. Alhali Hausa tana da kalmomin aikin: takawa daban, rausaya daban, rangaji daban, karairaya da girgiza da juyi da tsalle kowanne da inda ya dace. Kalmar da ba a rubuta ta kuma aka daina aikata abin da take nufi, kwananta ya ƙare.

Domin a ga cewa abin mai yiwuwa ne, sai mu dubi Cyprian Ekwensi, haifaffen Minna, wanda da Ingilishi ya yi rubutu. Tauraron People of the City na 1954 ɗan jarida ne kuma shugaban 'yan kiɗan rawa, sannan Jagua Nana na 1961 ya kewaye ne a kan wani gidan rawa na Ikko. Ekwensi ma mai gargaɗi ne, taurarinsa sukan girbi abin da suka shuka, amma ya bar wa masu tarihi hoton daren Ikko na wancan zamani. Mu kuwa abin da ya tsira sai wanda manazarta suka tattara, kamar Tatsuniyoyi da Wasanni na Ibrahim Yaro Yahaya a 1971, da ƙamus ɗin kiɗan Hausa na Ames da King a wannan shekarar, da ayyukan Sa'idu Muhammad Gusau a kan waƙar baka. Waɗannan sun ceci matani da sunayen kayan kiɗa, amma jeri da rabe-rabe ba sa maye gurbin labari, domin labari ne kaɗai ke iya nuna abin da ke ran yarinya sa'ad da aka kaɗa takenta.

4.0 Rawar da ta Zo Daga Waje

Tun da Amurka ake yawan ɗora wa laifi, yana da kyau mu san cewa su ma sun sha irin wannan musu. A birnin Niyu Oliyans, dokar 1817 ta taƙaita taron bayi 'yan Afirka a fili guda ranar Lahadi, filin da aka sani da Dandalin Kwango, kuma kiɗa da rawar da aka raya a can suna cikin tushen kiɗan jaz. A 1926 aka buɗe gidan rawa na Savoy a unguwar baƙar fata ta Halem a Niyu Yok, inda baƙi da farare suke rawa a fage ɗaya, kuma a wannan shekarar ce birnin ya kafa dokar da ta hana rawa a wuraren shaƙatawa sai da lasisi, dokar da ba a soke ta ba sai a 2017. Abin da ya tayar wa limaman coci da iyaye hankali a can shi ne abin da ke tayar wa namu: 'yan mata sun fita daga idon manya. Bambancin kawai, marubutansu irin su Langston Hughes da Toni Morrison sun shiga fagen sun rubuta shi, har ya zama ana iya karanta tarihin ƙaura da wariyar launin fata ta hanyar rawa.

Wannan rawa ta iso mana ta hanyoyi da dama. Gidajen silima sun fara a Kano da Rex a 1937, daga baya finafinan Indiya suka mamaye su. Faifan garmaho da rediyo sun kawo tuwis bayan 1960, James Brown ya zo Nijeriya a 1970, sannan fim ɗin Indiya mai suna Disco Dancer na 1982 ya haɗa salon Amurka da na Indiya ya miƙa wa samarin Arewa. A daidai wannan lokaci dandali yana ta ja da baya saboda dalilan da ba su da alaƙa da baƙi kai-tsaye: shirin ilmin firamare na bai-ɗaya na 1976, da yawaitar makarantun Islamiyya na yamma da na dare, da wa'azin ƙungiyoyi irin su Izala da aka kafa a Jos a 1978, da talabijin, da gine filayen unguwa. Saboda haka lokacin da ƙungiyar Tumbin Giwa ta fitar da Turmin Danya a 1990, sannan Sangaya ya buɗe kasuwar rawa da waƙa a ƙarshen shekarun, fage ne da ya riga ya zama kango suka tarar.

Me ya sauya ke nan? A ganinmu abubuwa uku ne, kuma babu ɗaya daga cikinsu da kalmar "baƙuwa" ta bayyana. Na ɗaya, da'ira ta koma biyu-biyu, mace da namiji fuska da fuska a cikin lambu, babu ƙawaye babu sarkin samari. Na biyu, 'yan amshi sun koma 'yan kallo. Na uku, wanda ya fi muhimmanci ga mai nazarin adabi, murya ta rabu da jiki: zabiyar gaɗa bakinta take faɗa, 'yar wasan fim kuwa motsa leɓe take yi a kan baitin da wani ya rubuta, wata ta rera, aka ɗora a kan fiyano. Matakan da hukuma ta ɗauka, tun daga kafa Hukumar Tace Finafinai ta Jihar Kano a 2001 har zuwa korar da ƙungiyar MOPPAN ta yi wa Rahama Sadau a 2016 saboda wani bidiyon waƙa, duk sun tsaya ne a kan sauyi na farko, wato kusancin mace da namiji. Musun da ya tashi a 2020 kuwa, lokacin da matan aure suka riƙa ɗaukar kansu suna rawar waƙar Jaruma ta Hamisu Breaker a gaban mazajensu suna sakawa a intanet, ya nuna ainihin tambayar. Matar aure ta daɗe tana rawa a tsakar gida; abin da ya zama sabo shi ne wanda ke kallo. Wannan jigo ne da ya isa a gina ƙagaggen labari sukutum a kansa.

5.0 Daren Maiduguri

A sauran garuruwa dandali a hankali ya dusashe, amma a Maiduguri daren kansa aka ɗauke. Daga rikicin Yuli 2009 garin ya shiga shekarun dokar hana fita, aka hana hawa babur a 2011, aka kafa dokar ta-ɓaci a Mayu 2013, aka kuma katse layukan waya na tsawon watanni. Wushe-wushe biki ne na kwana, da ganga da harba bindigar gargajiya don murna, saboda haka ba shi da gurbi a garin da ƙarar bindiga ta koma nufin wani abu daban. Bukukuwa suka koma rana, aka taƙaita su, daga baya masu hali suka mayar da su ɗakunan taro na haya, inda sai da kati ake shiga, mai sa kiɗa da na'ura kuma ya karɓe aikin makaɗi. Ko da al'amura suka lafa aka dawo da wasu daga cikin al'adun, an riga an yi tazara: yaron da aka haifa a 2009 ya kai ko ya kusa kai shekarun shiga jami'a, kuma yarintarsa duka a cikin wannan tazara ta wuce.

Har ila yau, rikicin ya koro dubban mutane daga Bama da Gwoza da Monguno da Kukawa zuwa cikin gari, kowa da kiɗan garinsu a ƙwaƙwalwarsa, kuma da yawa daga masu riƙe da wannan sani tsofaffi ne. Ambaliyar Satumba 2024, wadda ɓallewar madatsar Alau ta haddasa, ta tuna mana cewa kaset da hoton da ke ƙarƙashin gado ba ajiya ce mai tabbas ba. Rubuce-rubucen da ake yi game da waɗannan shekaru sun fi karkata ga mutuwa da gudun hijira, kuma hakan ya dace. Sai dai duk wanda yake son ya auna girman abin da aka rasa, dole ya iya nuna yadda daren yake kafin a rasa shi.

6.0 Kammalawa

Mun yi ƙoƙarin nuna cewa rawa a ƙasar Hausa da Borno tsari ce mai lokaci da shugabanni da rabe-rabe, cewa rubutaccen adabinmu ya kauce mata saboda asalinsa da kasuwarsa da matsayin marubutansa, kuma cewa musun da ake yi a kan finafinai ya rasa ma'auni ne domin babu rubutacciyar shaidar abin da ake kwatantawa da shi. Hukuncin rawa a shari'a aikin malaman fiƙihu ne, kuma sun yi bayaninsa. Aikin marubuci shi ne shaida, kuma ko mai niyyar gargaɗi ne, gargaɗinsa ya fi kama jiki idan ya siffanta abin da gaskiya, da daɗinsa da aibunsa.

Saboda haka muna jan hankalin ɗalibanmu masu aiko da gajerun labarai da waƙoƙi da wasanni zuwa wannan mujalla da su gwada abu uku. Su zauna da iyaye mata da kakanni, a Tsohuwar Maiduguri ko Hausari ko duk inda suka fito, su tambayi sunan rawa da sunan kiɗa da wanda ya kaɗa da abin da aka ba shi. Su daina sallamar biki da jimla guda, su nemo kalmar da ta dace da kowane motsi, ta Hausa ce ko ta Barebari ko ta Shuwa. Sannan su bar tauraruwa ta taka rawarta ta koma gida, labari ya ci gaba, ba lalle sai an hukunta ta a babi na gaba ba. Hausawa sun ce in kiɗa ya sauya rawa ma sai ta sauya, kuma babu marubucin da zai hana wannan. Abin da ke hannunsa shi ne ya rubuta yadda aka taka ta jiya da yadda ake taka ta yau, domin masu musu na gobe su sami abin dubawa.